Kalma ɗaya da ta ci mini mako uku

A watan Afrilu ne, lokacin da zafin Sakkwato ke sa wanda ya hau kabu-kabu ya ji kamar cikin tanda ake ratsawa da shi, wani abokina malamin zane ya kawo mini aiki har gida. Tarihin zane-zane da sassaƙa yake koyarwa a wata kwaleji a nan garin, ɗalibansa kuwa Turancin littattafan fannin yana yi musu nauyi. Ya tara kalmomi kusan 300 a takarda, yana so in sa wa kowace Hausarta da bayanin layi biyu ko uku, a buga a raba musu. Ni Hausa na karanta, ita nake koyarwa, fassara kuma ita ke cike mini giɓin cefane. Muka yi ciniki a kan kowace kalma, ya ba ni kafin alƙalami, ya tafi.

Cikin kwana goma na ci ƙarfin aikin. Launi, inuwa, zanen bango, mutum-mutumi, duk ba su ba ni wahala ba. Da na iso kan kalmar da Turawa ke kira homo'irotik, ko tsayawa ban yi ba. Na rubuta "zanen luwaɗi", na kwafo misalin da abokina ya sa a gefe, wato wasu zane-zanen Mikelanjelo na Italiya, na wuce gaba.

Yarinyar da ke buga mini takardu a wani shagon kwamfuta a Mabera ita ta tsayar da ni. Tana cikin bugu sai na ji ƙarar madannai ta ɗauke. Ta juyo da takardar wajena, ta ɗora yatsa a kan layin.

"Malam, wagga takarda ta makaranta ta?"

Na ce eh.

"To ni dai ba ni buga wanga layi. In wani yag gane shi bisa kwamfutarmu, mi za mu ce?"

Ban ga laifinta ba. Tun shekarar 2000 ake aiki da dokokin shari'ar Musulunci a jihar nan, a watan Janairun 2014 kuma aka sa hannu a dokar tarayya da ta haramta auren jinsi. Kalmar da na rubuta ba ta wasa ba ce a bakin kowa. Ina ƙoƙarin yi mata bayanin cewa karatu ne, sai ta yi mini tambayar da ta kashe mini baki: "Shi mutumen da kunka sa sunanai, an tabbatar ɗan luwaɗi na?"

Na karɓe takarduna, na biya kuɗin shafukan da ta buga, na fita.

Washegari da yamma na je gidan abokina a Runjin Sambo, na ce ya buɗe kwamfutarsa ya nuna mini abin da kalmar ke nufi da ido. Kuskurena na farko ke nan: na fassara sunan abin da ban taɓa gani ba. Ya fara da wani kofin azurfa na zamanin Rumawa, na ƙarni na farko bayan haihuwar Annabi Isa, wanda gidan tarihin Birtaniya ya saya a 1999 a kan fam miliyan 1.8. Abin da aka sassaƙa a jikin kofin ba ya bukatar tafinta. Maza ne, kuma aikin ne a fili. Na ce to wannan kam sunan da na ba shi ya dace da shi.

Sai ya nuna mini na Mikelanjelo. Zane ne na baƙin alli: wata ƙatuwar gaggafa ta sure wani saurayi tsirara, ta yi sama da shi. Tatsuniyar Girkawa ce, wai babban gunkinsu ya ga kyan yaron nan Ganimid, ya rikiɗa ya zama gaggafa ya ɗauke shi. Na duba sosai, babu wani aiki da ake yi a cikin zanen. Amma wanda ya zana jikin nan ya daɗe a kansa, ya bi kowace gaɓa a hankali, kuma kyauta ya yi shi ga wani matashi ɗan manyan birnin Rum mai suna Tomaso Kabaliyeri, wanda ya haɗu da shi a 1532, shi Mikelanjelo yana da shekara 57. Ya kuma rubuta masa waƙoƙi masu zafin so. Da na tambayi abokina ko an san abin da ya gudana tsakaninsu, ya ce babu wata shaida da ta tabbatar da sun aikata wani abu. Kabaliyeri ya yi aure ya haifi 'ya'ya, kuma yana cikin waɗanda ke gefen gadon tsohon sa'ad da ya cika a 1564.

Na uku ya fi ba ni mamaki, don daga ƙasar Musulmi ya fito. Zanen Shah Abbas na Farisa ne, zaune ƙarƙashin bishiya, ya rungumo wani saurayi mai zuba masa abin sha. Muhammad Ƙasim ya zana shi a 1627, yana gidan tarihi na Louvre a Faransa. Kowa da tufafinsa a jiki. Abin yana cikin yadda suka jingina da juna ne kawai, da yadda idon sarkin ya sauka.

Duk ukun, in ji abokina, kalma ɗaya ce ke rufe su a littattafan fannin. Ni kuwa kalmata ɗaya kaɗai ta ɗauka a cikinsu, sauran biyun ta yi musu ƙage.

Abokina ya ce, cikin raha, to mu ce "zanen daudu" mana, ya fi sauƙi a kunne. Muka yi dariya, amma na tsaya na yi tunanin abin, saboda mutane da yawa a nan suna haɗa kalmomin biyu kamar Hasan da Husaini. Ni na tashi ina ganin wani ɗan daudu mai sayar da abinci kusa da tasha, zane ɗaure a ƙirji, ludayi a hannu, yana tafa hannu yana zuba habaici, miyarsa kuwa ta fi ta matan layin gaba ɗaya. Yana da mata da 'ya'ya, har aurar da 'yarsa ya yi muka ci shinkafa. Daudanci magana ce ta salon tafiya da lafazi da sana'a da zama cikin mata. Wasu daga cikinsu suna neman maza, wasu ba sa yi, kuma da yawa daga masu yin abin ba za ka taɓa ganin alamar daudu a jikinsu ba. Mazan da Mikelanjelo ke zanawa ƙarti ne masu damatsa kamar 'yan dambe, ko ƙanshin daudu babu a tare da su. Na soke wannan.

Akwai kuma kalmomin da su masu abin ke amfani da su a tsakaninsu, irin "harka" da "masu harka", waɗanda wani Ba'amurke mai nazarin harshe, Rudolf Gaudio, ya yi bincike a kansu a Kano, ya fitar da littafi a 2009. Su an ƙirƙire su ne don a ɓoye magana. Ni kuma takardar da za ta buɗe wa ɗalibi ma'ana nake nema.

Na koma gida na bi asalin kalmar Turawan. Ashe ita ma haɗe-haɗe ce. "Homo" da Girkanci ke nan, ma'anarsa "iri ɗaya". "Irotik" kuma daga Eros, gunkin so da sha'awa na Girkawa. 'Yar'uwarta homoseksuwal ba ta tsufa kamar yadda nake zato ba: wani ɗan jarida ɗan ƙasar Hangari, Karl Mariya Kertbeni, shi ya fara fitar da ita a bugu a 1869, da Jamusanci, yana jayayya da wata dokar hukunci ta ƙasar Furushiya. Wato shekara 305 bayan mutuwar Mikelanjelo. Shi kansa da za a tashe shi a kira shi da wannan suna, sai ya tambayi ma'anarsa. Abin da na fahimta shi ne Turawan sun raba magana: ɗaya kalmar tana nuna mutum da halinsa, ɗayar tana nuna abin da ke yawo cikin zane ko waƙa. Masu tarihin zane sun riƙe ta biyun ne saboda sau da yawa zanen kaɗai ke hannunsu, mai shi ya daɗe da zama ƙasa.

Inda na sami bakin zaren ba a littafin Turawa ba ne. A wani zaure ne kusa da Hubbare, wajen wani dattijo da ya karantar da mahaifina, wanda har yanzu ake ɗaukar littattafan lugga da na fiƙihu a gabansa. Na bari sai da almajirai suka watse bayan La'asar, na matsa kusa da buzunsa, na yi ta kewaye-kewaye kamar mai neman aure. Shi ya yanke mini.

"Hwaɗi abin da yak kawo ka, ɗana. Ilimi ba ya da kunya."

Na ce, "Allah gafarta Malam, kalma ce ta gagare ni." Na zayyana masa komai, har da layin da na rubuta. Ya yi shiru yana jan casbi, sannan ya ce, "Luwaɗi aiki na, ba kallo na ba. Kai ka ga aikin?"

Na ce a kofin azurfa na gani, a sauran ban gani ba.

Ya ce to a kofin in faɗa, a sauran in kama bakina. Ya tuna mini cewa kalmar daga Larabci muka aro ta, an ciro ta daga sunan Annabi Luɗu, tsira da aminci su tabbata a gare shi, har wasu malamai ba sa son a jingina sunan annabi ga abin da ya zo hanawa, sun fi son a ce "aikin mutanen Luɗu". Ya ce a mazhabarmu ta Malikiyya, jifar Musulmi kamili da wannan kalma ba tare da shaidu ba ƙazafi ne, bulala 80. Sai ya murmusa, ya ce ya san Bature na ba Musulmi ba ne, kuma ba mai kai ni gaban alƙali a kansa. "Amma alƙalamin da yas saba jihwar matacce, wata rana mai rai za shi jihwa."

Daga nan ya sa wani yaro ya ɗauko masa wani littafi mai jar fata, ya buɗe inda malaman fiƙihu ke maganar hukuncin kallon amradu, wato saurayin da gemu bai fito masa ba. Suna rarrabewa tsakanin kallo kawai da kallo da sha'awa. Ya ce ka gani, magabata sun san akwai kallo, akwai son da ke kama zuciya, akwai aiki, kowanne da sunansa da hukuncinsa, ba su cakuɗa su ba. Ya kawo Abu Nuwas, mawaƙin Bagadaza na zamanin Haruna Rashid da ɗansa Al'amin, wanda masu tattara waƙoƙinsa suka ware na son mata a babi guda, na son samari a wani babin, suka kira su mu'annasatu da muzakkaratu. Malamai sun karanta su don lugga, suna sane da abin da ke ciki, ba su ce halal ne ba, ba su kuma goge ba. Sai dai ya ja mini kunne: Balarabe yakan yi wa mace waƙa da lamirin namiji, ya ce mata habibi, don haka ba duk inda na ga lamirin namiji zan yanke hukunci ba.

Na fito zauren nan da kalmar "sha'awa" a hannuna. Abin kunya ma, tana cikin bakina kullum. Hausa ba ta da talaucin kalmomin zuciya: akwai so, akwai ƙauna, akwai shauƙi, akwai bege, akwai sha'awa. Bege kam ban ko bari ta kusanci wannan shafi ba, mun san wa muke ajiye wa ita. Ƙauna ta yi tsabta da yawa, ita ce tsakanin uwa da ɗa. So ya yi faɗi. Sha'awa ce ke ɗauke da jiki a cikinta ba tare da ta ce an aikata ba. Na haɗa ta da "jinsi ɗaya", wanda gidajen rediyo suka riga suka saba wa kunnuwan mutane da shi tun lokacin muhawarar dokar auren jinsi, duk da cewa a tsohuwar Hausa jinsi ya fi nufin iri ko ƙabila. Na rubuta: zanen sha'awar jinsi ɗaya, wato aikin da namiji ya zana jikin namiji da idon sha'awa, ko mace ta zana na mace.

Na ɗauka na gama. Wata abokiyar aikina, Hajiya da muke ofis ɗaya, ita ta warware mini ɗinkin. Na kai mata ne don ta duba mini ɓangaren mata, inda na yi bayanin cewa kalmar lesbiyan daga tsibirin Lesbos na Girka ta fito, garin wata mawaƙiya Safo da ta rayu wajen shekara 600 kafin haihuwar Annabi Isa, tana yi wa mata waƙoƙin so, kuma tamu kalmar maɗigo, kamar luwaɗi, aikin take nufi. Misalin da abokina ya sa shi ne zanen Gustaf Kurbe na Faransa na 1866, mata biyu tsirara suna barci rungume da juna. Hajiya ta sauke tabarau ta karanta bayanin da ke ƙasan hoton, inda aka ce wani jakadan Daular Usmaniyya mai suna Halil Bey ne ya sa a zana masa.

"Malam, wa yaz zana? Namiji. Wa yab biya kuɗi? Namiji. To sha'awar wa ta a nan? Waɗanga mata ko an tambaye su?"

Na rasa ta cewa. Bayanina ya ɗora komai a kan jinsin mai zane, ga shi kuwa zanen da aka fi kawowa misali maza ne suka ƙulla shi don idon maza. Dole na sake gini: sha'awar tana iya zama tsakanin mutanen da ke cikin zanen, tana iya zama a idon mai zanen, tana iya zama a idon wanda aka yi zanen dominsa. Ɗalibi ya tambayi kansa wanne ne kafin ya buɗe baki.

Saura kalma guda a wannan rukuni, kwiya, wadda ita ce yayi a gidajen nune-nunen Turai yanzu. Gidan Tate na Landan ya yi baje koli da wannan suna a 2017, ya ɗauko ayyuka daga 1861, shekarar da Ingila ta daina yanke hukuncin kisa a kan luwaɗi, zuwa 1967, lokacin da ta sassauta dokar. Asalin ma'anar kalmar shi ne bambarakwai, irin na namiji da suna Hajara. Zagi ce a da, sai waɗanda ake zagi da ita suka ɗauke ta suka mai da ita sunan kansu. Ban fassara ta ba, na bar ta da sautinta na ba da tarihinta. Duk kalmar Hausa da na gwada, ko dai zagin ya rage, ko ɗaukar da suka yi mata ta ɓace.

Dalilin da ya sa duk waɗannan kalmomi suka shigo jerin abokina ma ɗan Najeriya ne: Rotimi Fani-Kayode, mai ɗaukar hoto, haifaffen Legas a 1955, wanda iyalinsa suka koma Ingila a 1966, ya rasu a Landan a 1989. Hotunansa na jikin baƙaƙen maza ne haɗe da alamomin addinin gargajiya na Yarbawa. A kansa ban sha wahala ba, don shi da bakinsa da alƙalaminsa ya bayyana cewa maza yake sha'awa. Na rubuta "kamar yadda shi ya faɗa da kansa", na huta.

Wani dare ina neman wata takarda a akwatin mahaifina, sai na ci karo da tsohon hotonsa da amininsa, baƙi da fari, na gidan hoto. Riga iri ɗaya, hula iri ɗaya, yatsunsu sarƙe da juna, kan ɗaya jingine a kafaɗar ɗaya. Haka abokai ke yi a garin nan, har gobe za ka ga dattawa biyu sun fito masallaci riƙe da hannun juna suna hira har ƙofar gida. Na kai wa abokina hoton na ce, in aka rataye wannan a bangon Landan ba bayani, me za su rubuta a ƙasansa? Ya daɗe yana kallo bai amsa ba. A daren na ƙara layi ɗaya a bayanin: riƙe hannu, runguma da kusancin jiki ba hujja ba ne su kaɗai, sai an san al'adar mutanen da aka zana.

Abu na ƙarshe ƙarami ne a ido. Abokina ya sa baiti guda na waƙar Mikelanjelo ga Kabaliyeri a matsayin misali, daga fassarar Turanci. Turanci yana da sutura a nan, lamirinsa na wanda ake magana da shi bai san namiji ko mace ba. Hausa ba ta da wannan mafaka, ko ka ce "ka" ko ka ce "ki". Na zauna da biro a sama, ina jin yadda "ki" za ta kashe duk wata ƙura. Sai na tuna abin da na karanta: jikan ɗan'uwan Mikelanjelo, da ya tashi buga waƙoƙin a 1623, gyara su ya yi, ya mai da lamirin maza na mata. Akwai inda tsohon ya ce shi fursunan wani barde ne mai makami, yana wasa da sunan Kabaliyeri, wanda ma'anarsa ke nan, mahayin doki. Jikan ya mai da barden "zuciya mai ɗamarar nagarta". Sama da shekara 200 mutane na karanta gyararren suna zaton shi ne na asali. Malam ya hana ni ƙara wa mutum abin da ban gani ba. Rage masa abin da ya rubuta da hannunsa ma ai ƙarya ce. Na sa "ka".

Na koma shagon Mabera ranar wata Asabar da sabon shafi. Bayanin da dā layi ɗaya ne ya zama layi tara. Yarinyar ta karanta shi tun daga sama har ƙasa kafin ta taɓa madannai, leɓenta na motsi. Ba ta ce komai ba ta fara bugu. Da ta iso kan baitin ta dakata.

"Malam, nan 'ka' na ko 'ki'? Halan kuskure na?"

Na ce, "'Ka' ne. Namiji ya rubuta wa namiji."

Ta dube ni, ta dubi takardar, ta buga. Muna shafi na ƙarshe aka ɗauke wuta, muka zauna cikin zufa kusan rabin awa ana neman wanda zai tayar da janareto. Abokina ya zo da yamma ya karɓi kwafi 60, ya ƙirga kalmominsa ɗaya bayan ɗaya, ya biya ni wannan a farashin da ya biya "launi" da "inuwa".